Sridevi: Jarumar da Fuskarta Ta Iya Hausa

A gidanmu ba a kunna kaset ɗin Indiya sai an aika an kira Goggo. Ita ce tafinta. Za ta shimfiɗa tabarmarta dab da akwatin talabijin, ta miƙe ƙafa, faifan tsintar shinkafa a cinya, mu yara da matan gida da na maƙwabta mu yi mata zobe. Da an buɗe baki a fim sai ta ɗauka: "Kun ji ko? Cewa take ita ba za ta zauna gida ɗaya da uwar mijin nan ba." Mu gyaɗa kai. Sai da na yi hankali na gane duk Indiyancin Goggo bai cika kalma ashirin ba. Fuska take karantawa, ta juya mana ita zuwa Hausa.

Takan yi ɓatan kai, ba a rasa ba. Ta taɓa ɗaura wa wani saurayi aure da wata yarinya tun farkon fim, sai can wajen ƙarshe aka gano ƙanwarsa ce ciki ɗaya. Amma akwai jaruma guda da ba ta taɓa ba ta kunya ba. In Sridevi ce a fim, fassarar Goggo takan tafi daidai har a tashi. "Yarinyar nan ai Hausa take yi," in ji ta, "ku ne ba kwa saurara."

Abin da Goggo ba ta sani ba, ni ma sai daga baya na sani, shi ne ita kanta Sridevi a shekarunta na farko a finafinan Bombay ba ta jin Hindi. 'Yar kudu ce. An haife ta ranar 13 ga Agusta 1963 a wani ƙauye kusa da Sivakasi a jihar Tamil Nadu, mahaifinta lauya. Da Tamil da Telugu ta tashi, harsunan da ba su haɗa kaka da Hindi ba, kamar dai Hausa da Yarabanci. To in an kawo ta wurin ɗaukar fim, sai a karanta mata abin da za ta ce, a gaya mata ma'anarsa, ta haddace sautin, kamar yadda mu ma muke haddace waƙoƙinsu tsaf ba mu san me suke nufi ba. A wancan zamani ba a ɗaukar murya tare da hoto, sai an gama komai a shiga ɗaki a ɗora. A yawancin finafinanta na Hindi na farko, muryar da muke ji ta wata ce mai suna Naaz, wadda ita ma ta yi fim tana yarinya. A Aakhree Raasta na 1986, Rekha ce ta yi mata magana. Sai wajajen Chandni, a 1989, muryarta ta zama tata dindindin.

Ɗan wasa hannu biyu gare shi, harshe da jiki. Ita an ɗaure mata ɗaya ta baya aka ce ta shiga dambe, a kasuwar da ake da irin su Rekha da Hema Malini. Da sauran hannun ta kayar da kowa.

Ba daga sama ta faɗo ba. Tana 'yar shekara 4 aka fara tsayar da ita gaban kyamara, a fim ɗin Tamil mai suna Kandhan Karunai na 1967. A 1971 jihar Kerala ta ba ta kyautar ƙaramar 'yar wasa mafi ƙwarewa saboda Poompatta, fim ɗin Malayalam. Makarantar boko ba ta samu zama a cikinta ba, fagen ɗaukar fim ne ajinta. Tana da shekara 13, a 1976, darakta K. Balachander ya sa ta a Moondru Mudichu, inda ta fito matar uban Rajinikanth, mutumin da ya girme ta da fiye da shekara 12, kuma ta tsare shi da ido a fim ɗin har ya sunkuyar da kai. Kafin ta bar duniya ta yi finafinai kusan 300 cikin harsuna 5: Tamil, Telugu, Malayalam, Kannada da Hindi.

Me yaro ke koya in ya girma a irin wannan wuri? Abubuwan da mai kallo ba ya gani, alhali su ne sana'ar. Fim ba a ɗaukar sa a jere. Za a iya ɗaukar kukan mutuwar miji ranar Litinin, a ɗauki bikin auren bayan wata uku. Dole 'yar wasa ta riƙe a kanta inda zuciyar matar take a kowane mataki, ta san yau kukan na farkon baƙin ciki ne ko na wanda ya kwana biyu. Akwai alama a ƙasa inda ƙafa za ta tsaya, ba a duban ta, in aka wuce ta da taki ɗaya an fita daga haske. Akwai kuma sanin nisan kyamara. In tana can nesa, da kafaɗa da tafiya ake magana. In ta matso har fuska ta cika majigi, ɗaga gira kaɗan ya zama ihu. Da yawa sun iya ɗaya ba su iya ɗayan ba. Sridevi ta san ma'aunin duka biyun kamar yadda tsohuwar mai awo ta san cikar mudu ba sai ta duba ba.

Indiyawa sun daɗe da rubuta wannan ilimi. A tsohon littafinsu na wasan kwaikwayo da rawa, Natyashastra, an kasa isar da saƙo gida 4: na gaɓoɓin jiki, na murya, na sutura da kwalliya, da na abin da ke tasowa daga ciki, kamar hawaye da rawar jiki da sauyin launin fuska. Kallon ido kaɗai an lissafa masa iri 36. Mu a taƙaice muka faɗe shi, muka ce labarin zuciya a tambayi fuska. Su kuwa sai da suka zauna suka ƙirga hanyoyin da fuskar ke ba da amsa.

Wanda yake son ganin wannan a aikace, ya nemi Sadma na 1983. Asalinsa fim ɗin Tamil ne, Moondram Pirai na 1982, darakta Balu Mahendra ya sake ɗaukar sa da Hindi da jaruman nan biyu, ita da Kamal Haasan. Budurwa ce ta yi hatsarin mota ta bugu a ka, hankalinta ya koma na yarinya ƙarama. Wani malamin makaranta ya tsince ta a mugun wuri, ya gudu da ita garin Ooty cikin duwatsu yana rainon ta.

Babba ya kwaikwayi yaro, wannan tarko ne da ya kama mutane da yawa. Abin da aka saba gani shi ne a maƙale murya, a turo baki, a riƙa lanƙwasa kai, sai ka ga ƙato yana shagwaɓa, abin ya gundure ka. Sridevi ta wani wuri ta ɓullo wa abin. Ta lura yaro ba ya ɓoye abin da ke ransa, kuma ba ya riƙe shi. Zai fashe da kuka kamar duniya ta tashi, ɗan kwikwiyo ya gifta, kukan ya yanke nan take, hawayen na kumatu bai bushe ba dariya ta zo. A wurin babba, tsakanin wannan yanayi da wancan akwai 'yar gada, akwai kunya da dubawar wa ke kallo. Ita ta cire gadar. Ka duba zamanta: ƙafafu a watse, ba ruwanta da inda zane ya nufa. Ka duba hannunta in ta kama abu, da dukan tafin take damƙa. In ta yi ɓarna, kamar ranar da ta zubar masa da tawada a kan takardu, idon nan ba na mai neman gafara ba ne, na yaron da ke auna ko za a doke shi ne. Duk wadda ta yi raino ta san wannan kallo.

Sai ƙarshen fim ɗin, wanda har yau in an tuna shi sunan Kamal Haasan ake fara kira. Ta warke, ta manta da shi ɗungurungum, iyayenta sun saka ta a jirgin ƙasa. Shi kuwa ya biyo ta a guje, ya faɗi ya ji ciwo, jiki duk taɓo, yana tsalle-tsallen biri a bakin taga irin wanda yake yi mata da, ko za ta tuna. A fitowar Tamil ɗin shi aka ba kyautar ƙasa, kuma ya cancanta. Amma ni a ganina aikin da ya fi wuya yana cikin taragon. Bayan awa biyu tana yarinya, yanzu dole ta zauna a matsayin wata mace daban, mai kamun kai, wadda ba ta taɓa ganin mutumin nan ba. Da ta bari ko ƙyas na sanayya ya gifta a idonta, da wasan ya rushe. Sai ta dube shi da irin tausayin da ake yi wa mahaukacin tasha, tausayi na gaske amma na nesa, ta miƙa masa abinci ta taga. Ranar da muka kalla, Goggo ba ta fassara wannan wurin ba. Gefen mayafi ta sa ta share ido, ta ce a rage ƙarar.

A shekarar nan ta 1983 Himmatwala ya fito, ita da Jeetendra, shi ne ya buɗe mata kasuwar Bombay bayan Solva Sawan na 1979 ya faɗi. Gaskiya ɗaya ce, yawancin finafinan da suka biyo bayansa na wannan layi ba su da wani abin kirki: rawa tsakanin ɗaruruwan tukwane, faɗa, kuka, a tashi. Ta yi su da yawa, wasu a shekara guda. Akwai kuma inda ta cika gishiri, ta zare idon nan har ya wuce kima, muryar ta yi siririya kamar ta ɗan tsako. Masu sukarta ba ƙarya suka yi ba. Sai dai ko a cikin tarkacen za ka tsinci daƙiƙa biyar da ta yi wani abu da fuska wanda ba a rubuta mata ba.

Nagina na 1986 shi ne wanda ya shiga kowane lungu a ƙasar Hausa, don labarin macijiya mai rikiɗa ta zama mace ba baƙo ba ne ga mutanen da suka tashi da tatsuniya. Ita ce macijiyar, Amrish Puri ne gardin, ya zo da almajiransa har cikin gida suna busa sarewar duma don su tilasta mata komawa siffarta. Saroj Khan ce ta tsara rawar, Lata Mangeshkar ta rera waƙar. Kowa na tuna farar rigar da idon nan da aka sauya wa launi da gilashin da ake liƙawa a ƙwayar ido. Amma a sake kallo a lura da abu biyu. Na farko, da ƙyar take ƙifta ido, domin maciji ba shi da fatar ido, kuma wannan kaɗai ya isa ya tayar wa mai kallo da tsigar jiki ba tare da ya san dalili ba. Na biyu, rawar faɗa ce. Jiki na bin busar ba da son ransa ba, yana murɗewa a ƙasa, fuska kuwa tana cewa ba za ka same ni ba. Umarni biyu masu karo da juna a jiki ɗaya, a lokaci ɗaya, kuma ƙafa ba ta saɓa wa kiɗa ba. Yaran unguwarmu mata sun shekara suna haɗa tafin hannu a ka suna kai wa juna sara a tsakar gida. Hannun sun iya. Idon ne babu wadda ta samu.

Kyakkyawar jaruma a wancan zamani ba kasafai take ba da dariya ba. Akwai cali da aka ajiye domin haka, ita nata ta yi kyau ta yi kuka. Sridevi ta ƙwace aikin calin ta haɗa da nata. A Mr. India na Shekhar Kapur, 1987, inda ta fito 'yar jarida, ta shiga gidan caca da shigar Charlie Chaplin, da ɗan gashin baki da hula da sanda, ta hargitsa wurin. Ba ta jin tsoron muni. Za ta harɗe ido, ta karkace baki, ta yi tuntuɓe, abin da takwarorinta ke gudu kada kwalliya ta zube. Ban dariya kuwa lissafi ne: in martani ya riga lokacinsa da ƙiftawa ɗaya, ko ya makara da ɗaya, dariyar ta mutu.

ChaalBaaz na 1989 ya haɗa duka. Tagwaye ne aka raba tun suna jarirai, Anju da Manju, labarin da Hema Malini ta riga ta yi a Seeta Aur Geeta na 1972. Anju ta tashi a hannun mugun kawu da ke zane ta da bulala. Manju ta tashi a unguwar talakawa, 'yar rawa, mai faɗa da maza. Kafin zuwan kwamfuta, in za a nuna tagwaye a hoto ɗaya, sai a kafe kyamara, a rufe rabin hoton a ɗauki ɗaya, a mai da fim baya a rufe ɗaya rabin a ɗauki ɗayar. Wato da iska take magana, tana mai da martani ga abin da ita kanta za ta yi an jima. Duk da haka ba ka buƙatar sutura ta gaya maka wace ce wace. Anju kafaɗa a ƙanƙame, ido na neman ƙasa, tana shigowa ɗaki ta gefen bango. Manju ƙugu ne ke fara shigowa. Daɗin abin sai da suka yi musayar gida, kowacce ta sa kayan 'yar'uwarta: ka ga rigar Anju, ka ga tafiyar Manju, ka san yau kawu zai ɗanɗana kuɗarsa. Ta ci kyautar Filmfare da shi, ta sake ci da Lamhe na Yash Chopra a 1991, inda ta fito uwa kuma ta fito 'yar.

Waɗanda suka yi aiki da ita bakinsu ɗaya a kan abu guda: a waje mace ce mai kunya, marar magana, tana zaune a gefe har a kira ta. Da an kunna kyamara sai wata ta fito. Ana cikin ɗaukar Lamhe a Landan mahaifinta ya rasu. Ta tafi gida aka yi jana'iza, ta dawo, abin da ke jiran ta a jadawali wasan ban dariya ne da Anupam Kher. Ta yi shi, yana cikin fim ɗin, kuma ba za ka nuna wurin da hannu ka ce ga marainiya ba.

Ta auri furodusa Boney Kapoor a 1996. Judaai ya fito a 1997, labarin matar da kwaɗayi ya sa ta sayar da mijinta ga wata a kan rupi miliyan 20, fim ɗin da matan gidanmu suka yi mako suna shari'a a kansa. Daga nan ta ajiye fim ta koma rainon 'ya'yanta mata biyu. A 2004 ta leƙo ta talabijin da wasan ban dariya mai suna Malini Iyer, inda ta fito 'yar kudu da ta yi aure a gidan 'yan Punjab. Bai yi wani tashe ba.

Shekara 15 bayan Judaai, a 2012, wata sabuwar darakta, Gauri Shinde, ta kawo mata English Vinglish, kuma kamar don ita aka ajiye labarin. Shashi matar aure ce mai sana'ar alawar ladu, curi-curi kamar fura, tana sayarwa daga gida. Mijinta da 'yarta na yi mata dariya don ba ta iya Turanci ba. Ta tafi New York bikin 'yar yayarta, ta saci jiki ta shiga ajin koyon Turanci na mako huɗu. Matar da ta yi rabin rayuwarta tana aiki cikin harshen da ba nata ba, ga shi an ce ta nuna yadda hakan yake.

Tun a jirgi akwai wurin da ya sa ni dariya ni kaɗai. Amitabh Bachchan ya fito na 'yan mintuna a matsayin fasinjan da ke kusa da ita, ana nuna fim ɗin Turanci, sai ya shiga fassara mata da ƙarfi yana damun sauran fasinjoji. Na ce ashe su ma suna da Goggo.

Sai shagon shayi. Ta shiga layi da 'yan kalmominta da ta tanada. Mai sayarwa ta jero mata tambayoyi da sauri, wane irin burodi, wane irin kofi, mutanen baya sun fara tsaki. A nan babu zare ido, babu ɗaga murya. Murmushin ladabi ne ke ƙoƙarin tsayawa a fuska yana zamewa. Ido na tsalle daga allon farashi zuwa bakin mai magana, yana neman kalma ɗaya da ya sani ya kama. Yatsu na lalube a jaka, kuɗi na zubewa. Ta juya ta yi karo da wani, kaya suka tarwatse, ta fice a guje ta sami benci ta zauna. Kukan ma a ɗaure ta yi shi, irin na babbar mace da ke jin kunyar a gan ta tana kuka a titi. Duk wanda aka taɓa yi wa Turanci a asibiti ko a banki ya rasa ta cewa, alhali a gidansa shi mai faɗa a ji ne, ya san wannan zama. A ajin Turancin kuwa akwai wani Bafaranshe mai dafa abinci. In abin ya ishe su, ita ta yi masa Hindi, shi ya yi mata Faransanci, ba mai jin wani, kuma sun fahimci juna sarai.

Gwamnatin Indiya ta ba ta lambar Padma Shri a 2013. Mom ya fito a 2017, uwa mai ɗaukar fansar abin da aka yi wa 'yar mijinta. Ranar 24 ga Fabrairu 2018 ta rasu a wani otal a Dubai, inda ta je biki, tana da shekara 54. Kyautar ƙasa ta jaruma mafi ƙwarewa, wadda ba ta taɓa samu ba tana raye, sai bayan rasuwarta aka ba ta saboda Mom.

Yanzu zamani ya sauya, finafinan Indiya da Hausarsu suke zuwa, an ɗora murya, har da karin magana da barkwancin da Indiyawan ba su san an yi ba. Aikin tafinta ya mutu. Goggo ta tsufa, ido ya yi rauni, sai an kawo abu kusa. Da na je gaishe ta kwanakin baya na gaya mata yarinyar nan tata ta daɗe da rasuwa, ta yi salati, ta tambayi ko ta bar 'ya'ya. Na ce biyu. Sai na lalubo mata wani fim ɗinta da aka fassara a waya, na riƙe mata dab da fuska, ina jin yau dai za ta huta, a yi mata abin da ta shekara tana yi mana.

Ba a yi minti uku ba ta ɗaga hannu.

"Kai ɗan nan, kashe mini surutun mutanen nan."

"Goggo, ai fassarar ce. Hausa ce."

"Na ji Hausa ce. Ba abin da take cewa ke nan ba. Kashe, ka matso da ita in gani."